Darasin noma: zaɓen wurin garka a ƙasar Arlit

Ƴan'uwa manoma na Arlit da Akokan, da na Gugaram, da Iferwan, da sauran garuruwan arewacin Agadas, ga darasinmu na wannan wata. Zafi ya fara sauka, sanyi ya ƙarato, lokacin aikin garka ya yi. Masu tsofaffin garake suna gyaran darni. Akwai kuma masu niyyar kafa sabuwa bana, har da waɗanda suka bar aikin kamfani suna neman abin da za su riƙe iyali da shi. Don su muka rubuta wannan darasi. Iri in bai yi kyau ba, baɗi a sake wani. Amma wuri in bai yi kyau ba, rijiya ba ta ɗaukuwa a ka. Ku karanta a hankali, ku tattauna da malaminku na yaƙi da jahilci.

Furen da ba ya zama a ƙasarmu

A ƙasar Faransa akwai wani ɗan tsiro da suke ce wa muge. Tsawonsa bai fi taƙi ɗaya ba. Furanninsa farare ne ƙanana, suna rataye kamar ƴan ƙararrawa, ga ƙanshi ƙwarai. Ranar 1 ga watan Mayu, ranar sallar ma'aikata, Faransawa kan ba juna shi kyauta. Mafi yawan wanda ake sayarwa, a kewayen birnin Nant ake noma shi. Wanda ya yi aiki da turawa a Somaïr ko Cominak, wataƙila ya taɓa ganin hotonsa a jikin kati.

Asalin muge ɗan kurmi ne. Yana son inuwar manyan itatuwa. Yana son baƙar ƙasa mai ruɓaɓɓen ganye, wadda ba ta bushewa, ruwa kuma ba ya kwanciya a cikinta. Sa'annan dole saiwarsa ta yi makonni cikin sanyi irin na firji, in ba haka ba, ba ya fure. Duk waɗannan babu ko ɗaya a Arlit. Kowane tsuntsu kukan gidansu yake yi. Ba mu yi asara ba kuwa, domin muge guba ne tun daga saiwa har ƴaƴansa jajaye. Yaro ko akuya in sun ci, yana taɓa zuciya.

To me ya kawo shi cikin jaridarmu? Manomin Faransa, kafin ya dasa muge, sai ya duba inuwar wurin, ya duba ƙasa, ya duba ruwa, ya duba ko akwai filin da saiwa za ta yaɗu. Mu ma waɗannan abubuwa za mu duba kafin mu sari ƙasa. Sai dai mu muna da wata tambaya da shi ba ya da ita: shin wurin nan ya kuɓuta daga sharar ma'adini?

Ruwa shi ne farko

A Arlit ana shekara ruwan sama bai kai milimetir 50 ba. Saboda haka garka a nan ruwan ƙasa take sha, kullum, safe da marece. Kafin ku ƙyasa wani fili, ku yi lissafin ruwansa.

Lokacin sanyi, kowane metir ɗaya a faɗi da metir ɗaya a tsawo na shan kamar litir 7 a wuni. Fangali mai faɗin metir 1 da tsawon metir 10 zai sha litir 70. Fangali 10 za su sha litir 700, wato tano 3 da rabi na litir 200, ko bido 28 na litir 25. Wannan a wuni guda ke nan. In bazara ta kama, iska mai zafi na kaɗawa, abin yakan kusa ninkawa. Mutane da yawa sun yi fangali 30 da ruwan fangali 10, duka suka ƙone. Gwamma kaɗan da suka ƙoshi.

Ruwan ƙasarmu iri biyu ne. A cikin duwatsun Azbin, kamar Timiya, da Tabelot, da Iferwan, rijiyoyin suna gefen ƙorama, wadda muke ce wa kori. Duk shekarar da kori ya zo, ruwa ya nutse cikin rairayi, rijiyoyi sun samu. Shekarar da bai zo ba, sai su ja ƙasa. A Arlit kuwa ruwan yana can ƙasa da nisa, cikin dutsen da masana ke kira Tarat. Tsohon ruwa ne, ya taru tun dubban shekaru, lokacin da hamadar nan take da ciyawa da tabkuna. Abin da aka ɗiba ba ya mayuwa a zamanin ɗan Adam. Mai ban ruwa da shi ya yi tattali.

In rijiya ce, kada ku auna ta bayan kori ya wuce, lokacin kowace rijiya sarauniya ce. Ku tambayi tsofaffin wurin yadda take a watan Mayu da Yuni. Ku kuma gwada da kanku: ku kwashe ruwanta da safe, ku sa igiya ku auna, ku ga awa nawa za ta yi kafin ta komo inda take. Ku duba maƙwabta. Da, da tekarkart ake jan ruwa, raƙumi ko sa na ja, guga na zubarwa, rijiya na samun hutu. Yanzu injin ban ruwa na zuƙe rijiya cikin ɗan lokaci. In maƙwabcinku yana da inji, rijiyarsa kuma ta fi taku zurfi, ku sani ruwanku zai bi nasa.

Itatuwa ma suna ba da labari. Inda goriba da gawo suka yi kore cikin rani, ruwa bai yi nisa ba.

Sai gishiri. Ku ɗanɗana ruwan. Ku zuba kaɗan a baƙin faranti, ku zuba na wata rijiya da kuka yarda da ita a wani farantin, ku ajiye su a rana har su ƙafe. Ku gwada farin da ya rage a kowane. Ruwa mai gishiri yana kashe ƙasa sannu-sannu, domin rana na ɗauke ruwan ta bar gishirin. Albasa, da karas, da wake, da lemu ba su jure shi. Dabino da beterab da sha'ir suna da haƙuri da shi.

Maganar ma'adini

Wannan sashe ku karanta shi sau biyu.

An kafa kamfanin Somaïr a 1968, ya fara fitar da yuraniyom a 1971. An kafa Cominak a 1974, ya fara aiki a 1978, ya rufe ranar 31 ga Maris 2021. Garin Arlit da na Akokan saboda waɗannan ramuka aka gina su. In an haƙo dutse, aka niƙa, aka cire yuraniyom, abin da ya rage ana tara shi waje guda. A wurin Cominak kaɗai, wannan shara ta kai kamar ton miliyan 20. Bayan rufe kamfanin an fara aikin binne ta da laka da duwatsu.

Sharar nan tana fitar da wani tururi mai cutarwa. Ido ba ya ganinsa, hanci ba ya jin warinsa, harshe ba ya jin ɗanɗanonsa. Ba ya kayar da mutum rana ɗaya. Cikin shekaru yake aikinsa, a huhu, da ƙoda, da ƙashi. Na'urar awo kaɗai ke gane shi.

A ƙarshen 2003 masu bincike na CRIIRAD daga Faransa, tare da ƙungiyar Aghir in'Man ta Arlit, sun tarar da tsofaffin ƙarafa masu wannan tururi ana sayarwa a kasuwa. A watan Nuwamba na 2009 ƙungiyar Greenpeace ta yi awo. Cikin ruwa kashi 5 da ta ɗiba a yankin Arlit, 4 suna da yuraniyom fiye da iyakar da hukumar lafiya ta duniya ta sa wa ruwan sha. A wani titi na Akokan awon ya ninka na sauran wurare kusan sau 500, saboda an yi ciko da duwatsun rami. Bayan haka kamfani ya kwashe ƙasar wasu wurare. Wannan ya isa ya nuna mana cewa wuri biyu na iya zama kusa da juna, ɗaya lafiyayye, ɗaya gurɓatacce.

To me mai garka zai yi? Ya nisanci tulin shara, da tsofaffin ramuka, da tabkunan kamfani, ko da an ba shi filin kyauta. Ya tsaya a wurin ranar da ake iska, ya ga daga ina ƙura ke zuwa. In daga wajen tulin take tasowa, ya nemi wani wuri. Kada ya yi ciko, ko dakali, ko bakin rijiya da ƙasa ko duwatsun da bai san asalinsu ba. Kada ya tara ruwan garka a tano, ko tiyo, ko leda, ko ƙarfen da ya fito daga ma'aikata, komai arharsa. Kada ya yi ban ruwa da ruwan da ake fitarwa daga rami.

In rijiya ko foraj na kusa da ma'aikata, ku je gidan magajin gari, ko wurin ma'aikatan ruwa da na ma'adinai, ku nemi a auna ruwan, a ba ku sakamako a rubuce. Yanzu kun iya karatu, ku karanta da kanku. In kuna ƙungiya kukanku ya fi saurin jiyuwa. Ku lura da wannan ƙwarai: tafasa ruwa ba ya cire yuraniyom, ruwan jabel ma ba ya cire shi. Su ƙwayoyin cuta suke kashewa.

Ganye mai faɗi, irin su salati da kabeji da alayyafo, shi ya fi kama ƙura. A wanke shi sau biyu ko uku da ruwa mai tsabta. Karas da dankalin turawa a wanke, a fere.

Akwai kuma wani ruwan da ya kamata mu faɗa. A gefen Arlit da Akokan wasu garake sun daɗe suna shan ruwan da ya fito daga gidaje, na wanka da wanki da ban ɗaki. Shuka tana sonsa, gaskiya ne. Amma yana ɗauke da ƙwan tsutsar ciki, da ƙwayoyin zawo da taifot. Wanda ba ya da wani ruwa sai shi, ya shuka itatuwa, da ciyawar dabbobi, da masara, da abin da sai an dafa ake ci. Ya kora ruwan a gindi, kada ya watsa a ganye. Salati da duk abin da ake ci ɗanye, a nema musu ruwa mai tsabta.

Ƙasa

Kada ku yarda da fuskar ƙasa, ku duba cikinta. Ku gina rami mai zurfin santimetir 50, wato kamar gwiwar babban mutum. In kun ci karo da dutse tun ba ku kai ba, wurin ba na itace ba ne. Dabino da lemu suna son ƙasa mai zurfin metir 1 ko fiye.

Ku cika ramin da ruwa, ku bari ya shanye, ku sake cikawa. In ruwa na biyu ya ɓace kafin ku gama shan shayi, rairayi ya yi yawa, garkar za ta ci ruwa da taki kamar rariya. In kun dawo washegari kun tarar da ruwa kwance, laka ta yi yawa, saiwa za ta ruɓe, gishiri kuma ya taru. Wadda ake so ita ce mai shanyewa cikin ƴan awowi.

Ku jiƙa ƙasar, ku dunƙule a hannu. In ta ƙi dunƙuluwa, rairayi ce. In ta dunƙule tana maƙalewa, har a iya murza ta kamar igiya, laka ce. In ta dunƙule amma da an taɓa ta da yatsa sai ta wargaje, ita ce ta garka. Inda kuka ga farin ɓawo a bisa ƙasa kamar an barbaɗa kanwa, ku wuce.

Ƙasar Arlit matalauciya ce, ba ta da ruɓaɓɓen ganye. Sai an ciyar da ita da tsohon takin awaki da na raƙuma. Saboda haka wurin da ke kusa da garke ko kasuwar dabbobi yana da daraja. Ɗanyen taki yana ƙona iri, a bar shi ya ruɓe tukuna.

Bakin kori

Mutanen duwatsu sun san ƙasar bakin kori ta fi kowace daɗi, ruwa kuma kusa. Amma kori ba ya da amana. A farkon watan Satumba na 2009 korin Telwa ya ɓalle wa Agadas cikin dare, ya rushe dubban gidaje, ya tafi da garake. Ruwa na iya sauka a kan dutse nesa, ku ba ku ga ko ɗigo ba, sai ku ji ƙugi.

Ku duba inda kori ya yi kwana. Ta bayan kwanar ruwa ke cin gaɓa, kowace shekara yana zaftarewa. Ta cikin kwanar kuwa yana ajiye laka da rairayi. Nan ya fi. Ku duba itatuwan wurin. Karmami da ƙirare da suka maƙale a rassa suna nuna iyakar da ruwa ya taɓa kaiwa. Rijiya da inji da rumbun albasa su kasance sama da wannan alama.

Rana da inuwa

A nan ne muge ya bar mana darasi mafi amfani. Shuka ba duka ke son rana ɗaya ba. Albasa, da tafarnuwa, da alkama, da masara, da kankana, da dankalin turawa suna son rana tun fitowarta har faɗuwarta. In kun sa albasa a inuwa, ganye za ta yi, ba za ta yi kai ba. Na'ana'a, da farsil, da seleri, da wurin renon iri suna son ranar safe da inuwar marece. Salati cikin sanyi yana son rana, amma da zafi ya fara sai ya yi ɗaci ya fitar da kara, in ba a tare masa ranar azahar ba.

Inuwa kuma tana yawo. A Arlit, a yawancin shekara, inuwar tsakar rana arewa take faɗawa. A watan Disamba bango mai tsawon metir 2 na jefa inuwar kusan metir 2 ta arewa. Daga tsakiyar Mayu zuwa ƙarshen Yuli kuwa rana na bi ta bisa kai, inuwar ta ƙanƙance, har ta ɗan koma kudu. Mutum ya ga inuwa mai kyau cikin hunturu, ya dasa abinsa, bazara ta zo wurin ya zama tanda. Wurin da ya fi aminci ga mai son inuwa shi ne gabas da bango ko gabas da itace. Yana samun ranar safe, bango ya tare masa ta la'asar, rani da damina.

Ku kafa sanda a filin. Ku zana inda inuwarta take da hantsi, da azahar, da la'asar. Haka za ku yi da kowane itace da ke wurin.

Mutanen Timiya sun daɗe da gane wannan. Dabino a sama, lemu da rumman a ƙarƙashinsa, ƙananan shuka a ƙasa, kowane na samun rabonsa na haske. Amma su ma filin albasa da alkama a sarari suke barinsa.

Bari mu ɗan tsaya kan na'ana'a, domin a ganinmu ita ce mugen ƙasarmu, ta ma fi shi, tun da ana shan ta. Garin da ake dafa shayi safe da rana da dare, mai na'ana'a ba ya rasa ciniki. Halinta ɗaya da na muge: inuwa-inuwa, ƙasa mai taki, danshi kullum, da saiwa mai rarrafe ta ƙarƙashin ƙasa. Wannan rarrafen shi ne alherinta, shi ne kuma fitinarta. In kun sa ta cikin fangalin karas, baɗi ba ku da fangalin karas. Ku ba ta wurinta ita kaɗai, kusa da bakin rijiya ko gefen hanyar ruwa, ta gabas da wani itace. Ku kewaye ta da jerin duwatsu ko bulo da aka binne kamar taƙi ɗaya. Ba a shuka ta da ƙwaya, reshe mai saiwa ake dasawa. Matan da ba su da garka na iya dasa ta a tsohuwar roba ko tukunya mai huji, a gindin bangon gida. Ragowar ruwan alwala ya ishe ta. Ruwan sabulu dai kada a zuba mata.

Iska

Cikin hunturu iska daga arewa maso gabas take zuwa, da ƙura da rairayi. Tana busar da fangali, tana kakkaɓe furen tumatir, tana binne ƙananan shuka. Wurin da dutse ko itatuwa suka tare ta wannan gefe ya riga ya rage muku aiki. In babu, ku yi darni da zana ko ganyen dabino, sa'annan ku dasa shinge na lalle ko zogale. Shinge na kare fili kamar ninki 10 na tsawonsa. Wanda iska ke ɗan ratsawa ya fi bango rufaffe, domin bango na sa iska ta yi juyi ta faɗo bayansa. Dogon yaro yana da inuwa, amma saiwarsa ɓarauniyar ruwa ce. A nisanta shi da fangali da metir 4 ko fiye.

Takardar fili

Kada ku gina rijiya a filin da ba ku da shaida a kansa. Tun dokar karkara ta 1993 akwai hukumar filaye da ake kira Kofo, a ƙauyuka da kananan hukumomi. In saye ne, ko aro, ko kyauta, ko gado, ku je a rubuta, da shaidu. In aro ne, a rubuta shekara nawa, a kuma rubuta ko an yarda ku dasa itace, domin yawancin rigima daga nan take tashi. Kada ku tare burtali, ko hanyar da dabbobi ke bi zuwa rijiya. Raƙumi bai san darni ba, makiyayi kuma yana da haƙƙinsa a doka. Tsakanin rijiya da masai a bar metir 30. Garka kuma kada ta yi nisa da gida. Wadda sai an yi tafiyar awa ɗaya kafin a kai, ban ruwan marece yakan faɗi.

Aikin da za ku yi a aji

Wani manomi yana da rijiya mai ba da tano 5 a wuni, kowane tano litir 200. Kowane fangali nasa na shan litir 70 lokacin sanyi. Fangali nawa zai iya shayarwa? In bazara ta zo, kowane fangali ya koma shan litir 120, nawa zai bari, nawa zai ajiye?

Bayan lissafi, kowa ya zana filinsa a allo ko a takarda. Ya sa gabas da yamma, kudu da arewa. Ya sa rijiya, da itatuwa, da masai, da hanyar dabbobi, da gefen da iska ke fitowa. Mutanen Arlit da Akokan su ƙara da gefen da ma'aikata da tulin shara suke. Ya rubuta sunan kowace shuka a inda yake son sa ta. Ku kawo zanen aji ranar karatu mai zuwa, ku gayyaci malamin gona ya duba tare da ku.